Kiɗan Jinga da Abin da Ya Rage Bayan An Watse Daga Atlanta

A daren 19 ga Yuli, 1996, a babban filin wasa na birnin Atlanta da ke jihar Jojiya ta Amurka, wani dattijo mai farin gemu ya tsaya gaban makaɗan birnin, ya ɗaga 'yar siririyar sandarsa, kakaki da ganguna suka amsa. John Williams ke nan, mai shekara 64 a lokacin, wanda ya tsara kiɗan finafinan Jaws da Star Wars. Kiɗan da ya jagoranta a wannan dare, Summon the Heroes, wato kiran jarumai, na kimanin minti shida ne, kuma takanas aka ba shi aikinsa domin bikin cikar gasar Olamfik ta zamani shekara ɗari. A daren ne kuma Muhammad Ali, hannunsa na karkarwa saboda ciwo, ya kunna wutar gasar. Abin da mu 'yan Nijeriya muka riƙe daga wannan gasa daban ne: tsallen mita 7.12 na Chioma Ajunwa, da ƙwallon Nwankwo Kanu da ta fitar da Barazil, da ranar 3 ga Agusta da tawagar su Garba Lawal da Tijjani Babangida da Daniel Amokachi ta doke Ajantina da ci 3 da 2 ta ɗauko zinare. Amma kiɗan nan na minti shida ya cancanci a tsaya a kansa, domin akwai tambaya a bayansa da ta wuce Atlanta.

Me zai sa mai masaukin gasa, wanda ke fama da ginin filaye da masaukin dubban 'yan wasa da sha'anin tsaro, ya ware kuɗi ya kira mai tsara kiɗa ya ce a yi masa sabo fil, alhali duniya cike take da kiɗan da aka riga aka yi, ga kuma mawaƙan zamani da sunansu kaɗai ya isa ya cika fili? Ra'ayina shi ne wannan kuɗi yana cikin mafi albarkar abin da mai masauki ke kashewa, kuma jinga ba ta rage wa kiɗa daraja. Sai dai albarkar tana da sharuɗɗa biyu da tarihin gasar kansa ya nuna: kiɗan ya zama na 'yan wasa ne aka yi wa, ba na mai mulkin da ya biya ba, sannan wanda ya biya kada ya ɗauka aikinsa ya ƙare daren biki. Batun hukuncin kiɗa a addini fage ne na malamai, ba shi na shigo ba. Maganata a kan sana'a ce da yadda ake kashe dukiyar taro.

Sai an san mece ce okestira kafin a gane abin da mai jinga ke saye. Ƙungiya ce ta makaɗa tamanin zuwa ɗari, kashi huɗu: masu kayan tsirkiya dangin goge, manya da ƙanana, waɗanda su ne mafi yawa, masu busa dangin sarewa da algaita, masu kayan farin ƙarfe da tagulla dangin kakaki da begila, sai masu ganguna da kuge a baya. Babu wanda ke kaɗa abin da ya ga dama. Mai tsara kiɗa ne ke zama wata da watanni yana rubuta wa kowane makaɗi abin da zai yi a kowace daƙiƙa, da alamomin rubutun kiɗa, kamar yadda mai zanen gini ke nuna wa magini da kafinta da mai jan waya wurin kowa. Saboda haka wanda ya ba da jingar irin wannan kiɗa takarda yake saye. Idan makaɗan da suka fara kaɗa shi sun tsufa ko sun mutu, takardar tana nan, wata ƙungiya a Tokyo ko Alƙahira za ta ɗauka ta kaɗa shi yadda aka rubuta, 'yan badujalar soja da na makaranta ma su rage shi daidai kayansu. Waƙar tauraron zamani kuwa a maƙogwaronsa take. Ana iya maimaita faifanta, amma in wani ya rera, masu sauraro kwaikwayo za su kira shi. Wannan bambanci shi ne tushen duk abin da zan faɗa.

Suka ta farko da ake yi wa irin wannan aiki ita ce wadda ta fi sauƙin kamawa: kiɗan da aka biya kafin a yi shi roƙo ne, fasaha ta gaskiya kuwa daga zuciya take fitowa ba daga kwangila ba. Mai wannan magana bai duba tarihin abin da yake karewa ba. Tun ƙarni na biyar kafin haihuwar Annabi Isa, a Girka, Pindar yana karɓar lada ya tsara wa zakarun gasar Olimfiya waƙoƙin nasara, ciki har da wadda ya yi wa Hieron, sarkin Sirakusa, da dokinsa ya ci tsere a shekarar 476 kafin Miladiyya. Dawakin sun zama ƙasa, sarautar Sirakusa ta shuɗe, ana nan ana karanta Pindar a jami'o'i. Handel ya tsara Zadok the Priest a 1727 bisa umarni, don naɗin Sarki George na Biyu na Ingila, kuma tun daga nan ba a yi naɗin sarauta a ƙasar ba tare da shi ba, har na Sarki Charles a 2023. Bahaushe ma ba baƙo ba ne a wannan sha'ani. Narambaɗa makaɗin fada ne, da ubangida da doki da riga, kuma waƙarsa ta Dokin Iska Ɗanfilinge ta wuce dokin da fadar da aka yi ta dominsu. Wanda duk ya san sunan Shago a yau, ko bai taɓa leƙa dandalin dambe ba, ta bakin Ɗan Anace ya san shi. Babu mai hankalin da zai ce kalangun Ɗan Anace ya rage zaƙi don ana yi masa kari. Abin da ake tambaya shi ne ko makaɗin ya iya, kuma ko jarumin ya cancanci abin da aka faɗa a kansa.

Ni ina ganin ma jinga tana yi wa mai fasaha wani amfani da 'yanci zalla ba ya yi masa, domin tana ɗaure shi da lokaci da wuri da mutane. Wanda aka ce ya tsara kiɗan da za a kaɗa a fili buɗaɗɗe, gaban mutum sama da dubu tamanin masu surutu da tafi, ga kuma miliyoyi a gaban talabijin waɗanda ba su taɓa shiga zauren kiɗa ba, ba shi da damar ɓuya a bayan wuyar fahimta. Dole sautin farko ya tsayar da hayaniya, dole karin ya zauna a kunne tun jin farko, kuma dole ya jure maimaici na mako biyu ba tare da ya gundura ba. Atlanta ta samu amsa biyu ga wannan buƙata, kuma sun sha bamban. Williams ya buɗe da kakaki masu kira da amsa kamar ana shelar fitowar sarki, sannan ya yi abin da ba a zata ba: ya sauke komai ƙasa ya bar mai busa guda ɗaya tilo yana jan kari a hankali, kafin dukan makaɗa su dawo su ɗauke shi zuwa maci. Wannan mai busa shi kaɗai a tsakiyar taro shi ne ɗan wasa a bakin layi kafin a harba bindiga, lokacin da ƙasarsa da kocinsa da iyayensa ba su da abin da za su iya yi masa. Ya sadaukar da kiɗan ga Tim Morrison, mabushin da ya daɗe yana aiki da shi a Boston. Michael Torke kuwa, wanda aka haifa a 1961, kwamitin shirya gasar ne ya ba shi jinga tun da wuri, aka haɗa da bikin cikar okestirar Atlanta shekara hamsin, aka fara kaɗa aikinsa mai suna Javelin, wato mashi, a watan Satumba na 1994 ƙarƙashin jagorancin Yoel Levi. Shi bai bi hanyar shela da maci ba. Minti tara ne na gudu da shillo, sarewa da goge suna cilla kari sama yana lanƙwasowa kamar abin da aka jefa. Ɗaya ya kama tsayuwar ɗan wasa, ɗaya ya kama motsinsa, kuma da ba a nema ba da babu ko ɗaya daga cikinsu.

A auna wannan da sauran abin da aka kashe wa kuɗi. Gasar Atlanta ta ci kimanin dala biliyan 1.7, mafi yawa daga kamfanoni da tikiti da haƙƙin nunawa a talabijin, kuma ta sha suka kan cunkoson 'yan talla da rikicewar sufuri, ga bam ɗin da ya tashi a dandalin shaƙatawa na gasar ranar 27 ga Yuli. Shugaban Kwamitin Olamfik na Duniya na lokacin, Juan Antonio Samaranch, wanda ya saba kiran kowace gasa mafi kyau a tarihi a jawabin rufewa, bai kira wannan haka ba. Filin da Williams ya tsaya a cikinsa an rushe ɓangarensa bayan gasar aka mai da shi filin ƙwallon gora na ƙungiyar Braves, su ma suka bar shi bayan kakar 2016, yanzu wata jami'ar jihar ce ke amfani da shi. Georgia Dome, inda aka yi wasan alkafura da ƙwallon kwando, an tarwatsa shi da nakiya a Nuwamban 2017. Ba zargi nake yi ba, haka gine-gine suke, birni yana canza buƙata. Amma ladan masu tsara kiɗa biyu, ko nawa ne, ɗigo ne a cikin biliyan 1.7, kuma har yau ana kaɗa ayyukan nan biyu a zaurukan kiɗa da bukukuwan makarantu, ba mai biyan kuɗin gyaran rufi ko albashin mai gadi dominsu.

Suka ta biyu ta fi nauyi, kuma ba zan yi kamar na kawar da ita gaba ɗaya ba. Hausawa na cewa kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Kiɗan da ke iya tsayar da gashin jikin mutum dubu tamanin a lokaci guda makami ne, kuma masu mulki sun san haka. Ranar 1 ga Agusta, 1936, a Berlin, Richard Strauss, wanda a lokacin babu mai tsara kiɗa da ya fi shi suna a Jamus, ya jagoranci taken Olamfik da ya rubuta, Hitler yana zaune a rumfar manya. Strauss ya shugabanci hukumar kiɗa ta gwamnatin 'yan Nazi daga 1933 zuwa 1935, kuma a wasiƙarsa ga marubuci Stefan Zweig bai ɓoye cewa yana raina wasanni ba. To ga ƙwararre da ya karɓi aikin da bai yi imani da shi ba, don bikin da aka shirya domin wanke fuskar azzalumar gwamnati. Kwamitin Olamfik ya amince da taken a matsayin na dindindin, amma bayan yaƙi aka ajiye shi, ba a sake komawa kansa ba. Abin da duniya ta riƙe daga Berlin shi ne zinare huɗu na Jesse Owens, baƙar fata ɗan Amurka. Darasin da nake ɗauka a nan ba cewa a daina ba da jinga ba ne. Gwamnatin da ke son yaudarar duniya za ta yi da gini da tuta da fim, kamar yadda ta Berlin ta yi da su duka, ko da babu kiɗa. Abin da Berlin ta nuna shi ne mai tsara kiɗa yana da alhakin duba wanda ke miƙo masa lada, kuma aikin da ya jingina da mai mulki yana faɗuwa ranar da mai mulkin ya faɗi. Kiɗan da Williams ya yi wa gasar Los Angeles a 1984, a tsakiyar yaƙin cacar baka, shekarar da Tarayyar Sobiyet da ƙawayenta suka ƙaurace wa gasar, ya rayu ne don ba ya ɗauke da sunan shugaba ko ƙasa. Ɗan tseren Kenya da ɗan ninƙayar Ostireliya duk suna iya jin da su ake.

A nan ne rashin kalmomi ke zama ƙarfi. Ƙasashe 197 suka zo Atlanta. Duk harshen da aka zaɓa aka yi waƙa da shi, an bar mafi yawansu a waje suna jiran tafinta. An yi waƙoƙi a wannan dare, Celine Dion ta rera, Gladys Knight ta rera, kuma sun yi kyau a wurinsu, amma da Turanci suka yi. Kakaki ba ya buƙatar fassara. Wanda ya taɓa jin tambari da kakaki sun tashi ranar hawan salla ya san jikinsa na amsawa kafin ya tantance abin da ake faɗa.

Suka ta uku ita ce wadda hujjarta ta fi yawa: galibin irin wannan kiɗa mantawa ake yi da shi. Gaskiya ne. Daga 1912 zuwa 1948 gasar Olamfik tana ba da lambobin zinare da azurfa da tagulla a fannin kiɗa da adabi da zane da sassaƙa da tsarin gini, bisa burin Pierre de Coubertin, wanda ya assasa gasar ta zamani, na haɗa jiki da fasaha. A Paris a 1924 alƙalan kiɗa ba su ga wanda ya cancanci ko tagulla ba. A 1932 Josef Suk, ɗan Cekosulobakiya, ya samu azurfa ba tare da an ba kowa zinare ba, kuma macinsa na cikin 'yan kaɗan da suka tsira daga wannan tsari. Zbigniew Turski na Polan ya ci zinare a Landan a 1948, ban da masana ba mai tuna aikinsa. A ɗaya gefen kuma, a tambayi kowane yaro kiɗan Kofin Duniya na 2010, zai ambaci Waka Waka ta Shakira, wadda aka ɗauko amshinta daga Zangalewa ta ƙungiyar Golden Sounds ta Kamaru. Mai suka zai ce to ga amsa nan, jama'a sun zaɓa. Amma a duba yadda wanda ya rayu ya rayu. Spyridon Samaras ya tsara taken gasar farko ta Atina a 1896, da baitocin Kostis Palamas, aka kaɗa, aka ajiye shi sama da shekara sittin kowane mai masauki yana neman nasa. Sai a 1958 Kwamitin Olamfik, a taronsa na Tokyo, ya mai da shi taken hukuma, kuma daga 1960 ake kaɗa shi duk lokacin da za a ɗaga tutar gasar ko a sauke ta. Kiɗan bai ƙara kyau ba tsakanin 1896 da 1958, wurin zama aka ba shi. Wanda ya gabace shi, na Michał Spisak, ya ci gasar da aka shirya don neman take, aka kaɗa shi a Melbourne a 1956, saɓani kan haƙƙin mallaka da kuɗin amfani ya sa aka watsar da shi. Leo Arnaud ma bai rubuta Bugler's Dream don wasanni ba, gidan talabijin na ABC ne ya ɗauke shi ya riƙa buɗe shirin Olamfik da shi tun shekarun 1960, har Amurkawa suka ɗauka shi ne taken gasar, daga baya NBC ta haɗa shi da na Williams.

Misalin da ya fi kusa da mu yana cikin kowane gidan kallon ƙwallo daga Kano zuwa Damagaram zuwa zangon Kumasi, daren Talata da Laraba. A 1992 hukumar ƙwallon ƙafa ta Turai ta ba Tony Britten, Baturen Ingila, jingar taken sabuwar Gasar Zakarun Turai. Ya gina shi a kan salon Zadok the Priest na Handel, makaɗan Royal Philharmonic suka kaɗa, mawaƙan Academy of St Martin in the Fields suka rera da Turanci da Faransanci da Jamusanci. Kiɗan okestira ne tsantsa, jikan kiɗan naɗin sarauta na ƙarni na sha takwas, na jinga, kuma matashin da bai taɓa jin sunan Handel ba yana jin sa zai bar shayinsa ya matso gaban allo. Ba zan ce ya fi Javelin fasaha ba, a ganina bai kai shi ba. Abin da ya samu wanda Javelin bai samu ba shi ne hukumar da ta sa a kaɗa shi kafin kowane wasa, 'yan wasa na jere a fili, da farko da ƙarshen kowane shiri a talabijin, shekara sama da talatin. Yau da gobe ita ke sa allura ta haƙa rijiya. Saboda haka idan kiɗan jinga ya ɓace, sau da yawa laifin mai jinga ne da ya karɓi kaya ya kulle a ɗaki, kuma wannan hujja ce ta gyara yadda ake ba da jingar, ba ta daina bayarwa ba.

Akwai suka ta huɗu, wadda ta fi damuna domin rabinta gaskiya ce. Na ce kakaki ba ya buƙatar fassara, amma okestira kanta tana da ƙasar haihuwa. A fadojin Turai da majami'unta ta girma, ma'aunin sautinta na Turai ne, kuma idan aka ce ita ce muryar duniya baki ɗaya, an ɗora al'adar nahiya ɗaya a kan kujerar kowa. A Atlanta wannan magana ta fi zafi, domin birni ne da baƙar fata suka fi yawa a cikinsa, mahaifar Martin Luther King, a yankin da ya haifi manyan salon kiɗan baƙaƙen Amurka, amma ayyukan biyu da suka yi suna fararen fata ne suka tsara su. Ba wai ba a nemi wani ba. An ba Alvin Singleton, baƙar fata wanda ya taɓa zama mai tsara kiɗa na okestirar birnin, jingar wani aiki mai suna Umoja, wato haɗin kai da Sawahili, da kalmomin marubuciya Rita Dove, aka gabatar da shi a zauren kiɗa na birnin cikin bukukuwan al'adu na gasar. Zaure daban, filin buɗe gasa da idon duniya daban. Wanda aka sa a gaban kyamara shi aka sani, kuma wannan zaɓi mutane ne suka yi shi.

Duk da haka ban yarda cewa maganin shi ne a jefar da okestira ba, domin kayan aiki ne, kuma ta nuna tana iya koyon harshe. Fela Sowande, ɗan Abeokuta, ya rubuta African Suite a 1944 don kayan tsirkiya na Turai, da karin Afirka ta Yamma, kuma shi aka ba aikin babban kiɗan okestira na bikin 'yancin kan Nijeriya a 1960. Gana ta kafa okestirarta ta ƙasa a 1959, zamanin Nkrumah, ƙarƙashin Philip Gbeho. Lokacin gasar Barsalona ta 1992, Ryuichi Sakamoto ɗan Japan aka ba wani babban ɓangare na kiɗan buɗe taro. Don bukukuwan al'adu na gasar Atina ta 2004, Philip Glass ya tsara Orion tare da makaɗa daga nahiyoyi daban-daban, ciki har da Foday Musa Suso, makaɗin kora ɗan Gambiya, da Wu Man mai kaɗa pipa daga Sin, kowa da kayan gidansu. Wannan ya fi wahala, domin ma'aunin kora ko algaita ba ya zama daram a kan na biyano, sai mai tsarawa ya zauna da makaɗan ya saurara ya sassauta. Wahalar ce ma ke sa sai da jinga ake iya yinsa. Kasuwa ba za ta biya makaɗa tamanin da baƙi daga nahiya huɗu su yi makonni suna gwaji ba. Babban taro irin na wasanni yana cikin 'yan wuraren da suka rage a duniya inda ake da kuɗin da dalilin yin haka lokaci guda.

Gasar Olamfik ta matasa da aka ba Dakar ta 2026 ita ce ta farko a ƙarƙashin tutar Olamfik a nahiyar Afirka, Los Angeles kuma za ta sake karɓar babbar gasa a 2028, shekara 44 bayan Williams ya yi mata kiɗanta na farko. Nahiyar nan ta saba karɓar nata manyan tarukan, daga Wasannin Afirka na Legas a 1973 zuwa na Abuja a 2003 da na Akara a 2024, ga kuma Kofin Afirka. Duk kwamitin da ya zauna rabon kasafin irin wannan taro, abin da Atlanta da Melbourne da Berlin suka bari a rubuce ya ishe shi jagora. A ba da jingar da wuri, kamar yadda aka ba Torke shekara biyu kafin gasa, don makaɗa su saba da aikin kafin ranar. A faɗa wa mai tsarawa tsawon lokaci da yawan makaɗa da irin filin, a bar masa sauran, kada wani jami'i ya nemi a saka sunan shugaba. A warware maganar haƙƙin mallaka a takarda tun ranar farko, don kada a maimaita abin da ya faru da Spisak. A buga takardun kiɗan a raba wa badujalar soja da ta 'yan sanda da makarantu, da sigar da ƙaramar ƙungiya za ta iya kaɗawa. Sannan a rubuta a cikin yarjejeniyar gidajen talabijin cewa da shi za a buɗe kowane shiri, kuma shi za a kaɗa duk lokacin da 'yan wasa uku suka nufo dandamalin karɓar lamba.